Layar Malam Zainul Abidin

Sunan marubuci a fim yakan fito ne daidai lokacin da masu kallo suka tashi neman takalmansu. Abdulmannan Babba Kaikai ya haura shekara ashirin a wannan sana'a, sunansa ya gifta a talabijin sau da dama, amma har yau in ya sauka a tashar Kankia sai ɗan acaɓa ya tambaye shi ko baƙo ne. Yakan ce wannan bai taɓa damunsa ba. Waɗanda suka san shi sun ce yana ɗan damunsa.

A Kaikai aka haife shi, cikin ƙasar Kusada, gidan Malam Babba mai makarantar allo a zaure da gonar gero a bayan gari. Mahaifiyarsu Ummu ta haifi tara, biyu suka rayu: Zainul Abidin, sai Abdulmannan da ya biyo bayansa da shekara goma. Babban shi ya gaji karatun gidan. Ya fita ya ƙaro ilimi, ya dawo ya mayar da makarantar allon Islamiyya mai benci. Ƙaramin aka kai boko, domin a lokacin ana ganin gidan da ya riga ya samu malami ɗaya zai iya jure asarar ɗayan.

Da ya gama karatu sai aka ba shi koyarwa a wata firamare a Kusada. A nan ya fara rubutu, ba don yana da buri ba, sai don hedimasta yana son wasan kwaikwayo ranar raba kyaututtuka, kuma shi ne ƙaramin malami. Wasan farko kan tsabtar ruwan sha ne. Iyaye suka zauna suna hamma, har aka zo wurin wani maigida mai taurin kai da ya ƙi rufe rijiyarsa. Abdulmannan ya rasa abin da zai sa masa a baki, sai ya ɗauko maganar wani mai awon hatsi da ya ji a kasuwar Kankia, kalma da kalma. Filin ya ɓarke da dariya. Wata tsohuwa ma ta kira sunan mai awon.

Daga ranar bai sake fita babu littafin aljihu ba. Ranar kasuwa yakan zauna kusa da masu hatsi ko dillalan awaki yana rubutu, mutane na zaton ma'aikacin haraji ne suna rage murya. A mota yana rubutu, a wajen suna yana rubutu, a zaman makoki yakan daure har ya fita ƙofar gida. Yana da wata magana da ya riƙa maimaitawa har kowa ya haddace ta: "Ni ba na ƙirƙira. Allah Ya riga Ya halicci mutane, ni kwafa kawai nake yi."

Ya rubuta wa wani gidan rediyo a Katsina wasanni na ɗan lokaci, sannan a 2003 ya ajiye alli ya koma Kano. A can ya koyi yadda aikin yake. Furodusa yakan zo da waƙa uku da jarumai biyu, ya ce a samo labarin da zai haɗa su. Marubuci ya rubuta fitowa sittin, darakta ya zubar da ashirin saboda rana ta yi, jarumi ya manta sauran ya faɗi abin da ya zo bakinsa. In fim ya karɓu, jarumi ne ya iya. In ya faɗi, labarin ne ba daɗi. Abdulmannan ya karɓi wannan rabo ba gardama, kuma furodusoshi suka riƙa nemansa, don mutanen da ke cikin labarinsa suna magana kamar waɗanda suka taɓa jin yunwa.

Duk wata biyu yakan zo gida. Yayansa, Malam Zainul Abidin, bai taɓa kallon fim ɗinsa ba, bai kuma taɓa cewa ya daina ba.

"Mannan, ana nan ana rubuta wa mutane ƙarya?"

"Yaya Malam, ai maganarsu nake mayar musu."

"To, Allah Shi sa su gode."

Malam mutum ne dogo, marar hanzari. In aka yi masa tambaya mai nauyi sai ya cire hularsa ya leƙa cikinta, kamar a can amsar take, sannan ya mayar ya yi magana. An san shi daga Kaikai har garin Ƙofa da abu guda: yaƙi da laya. Ya yi shekara talatin yana kwance layu daga wuyan jarirai da ƙugun samari yana jefawa a wuta. Ba ya faɗa, ba ya zagi. Sai ya ɗaga layar sama, ya juya ta, ya ce, "Fatar akuya ba ta tsare akuya ba, balle kai." Wasu sun gode masa. Wasu sun yi shiru, suka ajiye abin a ciki.

Ya rasu a daminar 2017, da hantsi, bayan jinyar kwana huɗu. Abdulmannan ya iso daga Kano kafin Azahar, ya tarar ana dama ganyen magarya a ruwa. Mai wankan gawa a unguwar wani dattijo ne, Ɗanmaliki, manomi kuma ladani, wanda ya fi shekara arba'in yana wannan aiki ba a taɓa jin ya ɗauko zancen ɗakin gawa ya fito da shi ba. Ka'idar ke nan, kuma kowa ya san ta: abin da mai wanka ya gani a jikin mamaci, tare da mamacin ake binne shi. Shi ya sa ba kowa ake bari ya shiga ba.

"Ɗan Malam," in ji Ɗanmaliki, "kai ne jininshi. Shigo ka zuba mani ruwa."

Suka saki asabari. Da suka zare rigar, a can saman damtsen hagu, wurin da hannun riga ba ya taɓa yayewa, sai ga laya. 'Yar ƙarama ce, fatar ta yi baƙi ta yi santsi don tsufa, amma igiyar sabuwa ce. Abdulmannan ya tsaya riƙe da buta. Ɗanmaliki ya zaro reza ya yanke igiyar, ya jefa layar a aljihu kamar wanda ya tsinci goronsa.

"Zuba ruwa," ya ce.

Bayan sun ɗaure likkafani, kafin a shigo da makara, dattijon ya dube shi.

"Ɗan Malam, mi ka gani?"

"Ban ga komai ba, Baba."

"Ni ma haka."

Abdulmannan bai rubuta wannan a littafin aljihu ba. Shi ne abu na farko da ya gani a rayuwarsa ya ƙi rubutawa, kuma shi ne abin da bai taɓa mantawa ba.

Shekara uku bayan haka sana'ar ta sauya. Fim mai dogon zango ya shigo, wanda kowane mako sai an ba shi sabon kashi, kamar rijiyar da ba ta cika. Wani furodusa matashi mai suna Sagir ya ɗauki Abdulmannan ya rubuta masa labarin wani ƙauye. Labarin yana bukatar malami. Abdulmannan yana kewar yayansa, kuma ba ya ƙirƙira. Sai ya ba malamin cikin fim tsawo da rashin hanzari, ya ba shi leƙen hula, ya ba shi maganar fatar akuya.

A Kaikai aka ji daɗi. Samari sukan kai wayoyinsu Kankia a tura musu sabon kashi, a taru a gindin darbejiya bayan La'asar ana kallo. "Wallahi Malam ne," ake cewa, "har tarin." Matar marigayin, Amatullah, wadda ke riƙe da ajin matan aure a Islamiyyar, ta kalli kashi biyu a wayar 'yarta, ta yi dariya, ta yi kuka, ta aika wa ƙanen mijinta da ƙullin daddawa. Karo na farko ke nan da mutanen garinsu suka jira har sunan marubuci ya fito.

A kashi na talatin da takwas jarumin da ke fitowa a malamin ya ɓata da Sagir, ya ce ba zai ƙara zuwa wajen ɗauka ba bayan ranar Alhamis.

"Oga marubuci, kashe shi za mu yi," in ji Sagir. "Amma ba mutuwar zazzaɓi nake so ba. Mutuwar da za a yi mako ana musu a kanta."

Abdulmannan ya kashe malamin a haɗarin mota. Sagir ya ce an gaji da mota. Ya kashe shi a kan sallaya. Sagir ya ce ya yi kyau, amma ba wanda zai yi zancensa. Ranar Laraba da safe Abdulmannan ya zauna, cikin awa ɗaya ya rubuta fitowar wankan gawa: mutum biyu, buta, asabari, reza. Bai goge ko kalma ɗaya ba. Ya sauya sunan gari, ya mayar da dattijon wanzami, ya ɗauke layar daga hannun hagu ya kai ta na dama. A ganinsa ya ɓad da sawu.

Saura abu ɗaya. Mai kallo zai tambayi dalili, shi kuwa layar ya gani, bai ga dalilinta ba. Don haka ya ƙara fitowa guda, inda aka nuna malamin, shekarun baya, ya rufe fuska da rawani yana shiga bukkar boka. Wannan kaɗai ya ƙirƙira a duk labarin.

Kashin ya yi abin da Sagir yake so. An yi mako biyu ana musu. Wani darakta da bai taɓa gaishe shi ba ya kira ya ce wannan ita ce fitowa mafi ƙarfi da ya gani a shekarar. A gindin darbejiyar Kaikai kuwa, da kashin ya ƙare, ba wanda ya jira suna. Kowa ya san su wa suka shiga ɗakin Malam ranar da ya rasu. Kowa kuma ya haddace cewa Abdulmannan ba ya ƙirƙira.

Aka tafi wurin Ɗanmaliki, aka same shi yana gyara shingen gonarsa.

"Baba, wai da gaske ne?"

"Ni ba ni kallon fim."

"Ba fim ba, Baba. Wankan."

"Wane daga ciki? Na wanke mutum ya fi ɗari huɗu. Duka ruwa na gani."

Wannan bai hana komai ba. Waɗanda aka ƙona wa layu shekarun baya suka tuna da bakinsu. Aka zana wani abu mai kusurwa huɗu da gawayi a bangon Islamiyya. 'Ya'yan marigayin suka daina zuwa gindin darbejiya, sannan suka daina zuwa ɗibar ruwa da rana. Mutumin da ya yi shekara talatin ana kiransa Malam, cikin mako biyu ya koma "wancan na boka".

Amatullah ta aika a ce wa Abdulmannan ya zo. Ya same ta a tsakar gida tana ɓarar gyaɗa. A da in ya shigo takan tare shi da tsokana irin ta matar wa, ta ce ga mijinta na Kano da ba ya kawo cefane. Ranar sai ta tura masa tabarma da ƙafa.

"Abdulmannan, zauna."

Ya zauna. Ya fara cewa ya sauya suna, ya sauya gari.

"Har hannu ka sauya, na gani. Sannu da ƙoƙari." Ta ci gaba da ɓara. "Shekara ashirin da bakwai ina kwana kusa da layar nan. Ni nike murza mata sabuwar igiya in ta tsufa. Ko uwata ban faɗa wa ba. Kai sau ɗaya ka gan ta."

Ta ɗago ta dube shi.

"Ka san wa ya ɗaura mashi? Inna. Ba a haife ka ba. Baƙon dauro ya ɗauke mata uku cikin wata guda, shi ma yana kwance. Ta ɗaura mashi, ya tashi. Ranar da za ta rasu ta kama hannun nan ta ce kada ya cire. Ya ce Inna, haramun ce. Ta ce to ya ɗauki zunubin, ita ta ɗauki haihuwa tara. Ya yi mata alkawari. Bai taɓa yarda tana tsare komai ba, kullum sai ya nemi gafara a kanta. Bokan da ka kai shi, kai ka san shi. Shi bai san shi ba."

Abin kunya ne, amma Abdulmannan ya faɗa daga baya da bakinsa cewa a daidai wannan lokaci wani sashe na zuciyarsa yana lissafin yadda fitowar za ta kasance: tsohuwa a kan gado, hannu a kan damtse. Ta fi ta bokan kyau nesa ba kusa ba.

"Yaya, zan gyara. Akwai kashi na gaba. Zan nuna gaskiyar, kowa ya san dalili."

Ta ajiye gyaɗar.

"Ka kai gawar yayanka kasuwa, yanzu kuma ta uwarka za ka kai?"

"To mi kike so in yi?"

"Kai ne marubuci."

Ranar Juma'a, bayan an sallame, kafin mutane su watse, ya miƙe a ƙofar masallaci ya nemi a saurare shi. Ya ce abin da aka gani a fim shi ya ƙaga shi. Ya ce ya shiga ɗakin yayansa, ya zuba ruwa, bai ga komai a jikinsa ba sai abin da ake gani a jikin mutumin kirki. Ya ce furodusa ne ya matsa masa, shi kuma ya rasa abin rubutawa, ya yi wa mamaci ƙage. Ya roƙi iyalan Malam gafara, ya roƙi jama'a.

Wani daga baya ya ɗaga murya: "Ai kai ka ce ba ka ƙirƙira!"

"Ita ma wannan ƙarya ce. Na daɗe ina yi."

Aka yi ƙus-ƙus. Aka juya ana neman fuskar Ɗanmaliki, aka same shi yana neman takalminsa.

Rabin garin ya yarda, domin ya fi sauƙi a yarda ɗan fim maƙaryaci ne. Sauran rabin bai yarda ba, amma ya rasa shaida, maganar ta yi ta raguwa. Aka shafe zanen bango da farar ƙasa. Abdulmannan ya koma Kano da sabon suna a garinsu, wanda ya yi wa ɗan'uwansa ƙage don a yaba masa, kuma bai yi gardamar sunan ba.

Bayan wata biyar wani kawunsu ya rasu. Abdulmannan ya zo da wuri, ya ɗebo ruwa da kansa, ya kai ƙofar ɗakin. Ɗanmaliki ya leƙo, ya karɓi bokitin daga hannunsa.

"Ya isa nan, ɗan Malam."

Ya kira wani, ya saki asabari. Haka aka yi a rasuwar da ta biyo baya, da wadda ta biyo bayanta. Ba wanda ya ce masa komai. Shekara huɗu yana kawo ruwa yana tsayawa a bakin ƙofa, a garin da aka yanke masa cibiya.

Aikin Kano bai tsaya ba. Sai dai ya daina yawo da littafin aljihu, ya koma ƙirƙira da gaske, kamar yadda ya shaida wa jama'a. Sagir ya yi ƙorafin cewa mutanen labarinsa yanzu suna magana kamar masu karanta labaran ƙarfe bakwai. Duk da haka ana ba shi aiki, don yana kawo rubutu a kan lokaci, abin da ya fi basira wuyar samu a masana'antar.

Maganar layar ta fito daga baya, amma ba daga bakinsa ba. Amatullah ce, wata rana tana karantar da matan aure babin alkawari, ta rufe littafi ta ba su labarin tun daga baƙon dauro. Ta ce ta gaji da ganin rabin gari yana yi wa mijinta kallon mai zuwa wurin boka, kuma in za a faɗa, ita ke da hakkin faɗa. Matan suka kai gida. Malamai suka yi saɓani kan ko ya kamata ya cika irin wannan alkawari, har yau ba su gama ba. Ta haka aka gane cewa abin da Abdulmannan ya faɗa a ƙofar masallaci ƙarya ne, wato dai ya tabbata maƙaryaci ta kowace fuska aka duba.

Da kakar bara Ɗanmaliki ya kwanta. Da ya ji jikin ba na tashi ba ne, ya kira babban ɗansa ya ce in ta faru a kira ɗan Malam na Kano, shi zai yi masa wanka.

"Baba, shi? Duk garin nan?"

"Shi. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma gudu yake. Ku sauran ba a sare ku ba tukuna."

Ya rasu ranar wata Talata, ana tsakiyar yankan gero. Abdulmannan ya bar wajen ɗaukar fim a Kano ya hawo mota, ya iso rana ta take tsaka. Ya ɗebo ruwa kamar yadda ya saba, ya kai bakin ƙofa ya tsaya. Ɗan marigayin ya ɗaga masa asabari, bai dube shi ba.

Ya daɗe a ciki fiye da yadda aka saba. Da ya fito hannun rigarsa a jiƙe, idonsa ja. Mutane na zaune a kan tabarmi suna jiran makara, sai wani tsohon abokin karatunsa, wanda bakinsa bai san makoki ba, ya matso ya rage murya.

"Marubuci, yaya? Sai mun gani a talabijin?"

Abdulmannan ya juye sauran ruwan bokitin a gindin bango, ya kife shi.

"Ruwa na gani," ya ce.

Ya je ya kama gaban makara.